Muhawara: Da wane ma'auni za a lissafa diyyar wanda mota ta kashe?

Barista: Ra'ayina shi ne, lissafin da kotu ke yi ya fi amfanar iyalan mamaci a yau fiye da tsayayyar diyya. Alƙali yakan duba abin da mamacin ke kashewa kan iyalinsa a shekara, ya cire na buƙatun kansa, sannan ya ninka sauran da adadin shekarun da ake kyautata zaton zai ci gaba da nema. Magidanci ɗan shekara 35 da ya bar mata biyu da ƙananan yara, asarar gidansa ba ɗaya take da ta dattijon da 'ya'yansa suka riga suka kama sana'a ba.

Malam: Barista, idan mota ta take almajiri, ko tsohuwa mai sayar da ƙuliƙuli a bakin titi, nawa lissafinka zai bai wa magadansu? Shari'a ta yanke raƙuma 100, ko dinari 1,000, ko dirhami 12,000, kuma ba ta tambaya ko mamacin attajiri ne ko ɗan dako. Hukumar Zakka da Waƙafi ta Zamfara ma takan fitar da ƙimarta da naira tare da nisabin zakka, domin diyya ninki 50 ce ta nisabin zinare.

Direba: Allah gafarta Malam, dinari ɗaya giram 4.25 ne na zinare, wato ana maganar fiye da kilo huɗu ke nan. Ni tirelar wani nake ja tsakanin Kano da Legas, kuma ko an haɗa motar da gidana an sayar ba za a kai ba. Wanda burki ya tsinke masa a gangara, ina zai samo wannan dukiya?

Malam: Ai ba kai kaɗai aka ɗora wa ba, Malam Direba. A kisan kuskure dangin uba ne ke haɗa diyya, ana biya cikin shekara uku, kuma Sayyidina Umar ya ɗora ta a kan waɗanda ke rajista ɗaya a diwani, wato kundin sunayen sojoji da masu karɓar albashi daga baitulmali, abin da ya sa nake ganin ƙungiyar direbobi, da take karɓar kuɗi kullum a tasha, tana iya ɗaukar wannan nauyi. Abin da ke wuyanka kai kaɗai shi ne kaffara, azumin wata biyu a jere, kamar yadda ya zo a Suratun Nisa'i aya ta 92, kuma yafewar magada ba ta sauke ta.

Hajiya: Ku yi mini afuwa, amma kuna ta jayayya kan kuɗin da galibi ba a karɓa. Abin da nake gani shi ne, tun kafin sadakar uku mai mota zai zo zaman makoki da buhun shinkafa da ambulan, baffan yara ya miƙe ya ce kwana ne ya ƙare, sun yafe duniya da lahira, jama'a su yi ta sa masa albarka. Matar tana ɗaki cikin takaba, ba wanda ya tambaye ta. Bayan wata shida a cire yaran daga makaranta, baffan kuma ya daina ɗaga waya. Wa ya ba shi ikon yafewa?

Malam: Babu wanda ya ba shi, Hajiya. Diyya gado ce, ana raba ta yadda ake raba sauran dukiya, matar tana da tumuni idan akwai 'ya'ya, baffa kuwa ba ya gado matuƙar akwai ɗa namiji. Baligi yana iya yafe nasa kason, amma waliyyi ba ya kyautar da haƙƙin maraya.

Barista: A nan mun haɗu. Sai dai har yanzu ina kan bakana game da adadin, domin abin da ya fi ƙarfin biya shi ke tura mutane ga yafewar dole. Akwai inshorar mota ta tilas, wadda hukumar kula da inshora ta ƙasa, NAICOM, ta ɗaga kuɗinta na motocin gida daga naira 5,000 zuwa 15,000 a Janairun 2023; ta ƙayyade abin da za a biya kan ɓarnar dukiya a naira miliyan uku ga irin waɗannan motoci, amma ba a sa iyaka ga mutuwa da rauni ba. Magada su nemi rahoton 'yan sanda da takardar shaidar mutuwa, sannan a tunkari kamfanin.

Direba: Idan takardar ta gaske ce ke nan, Barista. Da yawa daga cikinmu a bakin ofishin lasin muke sayen tamu a hannun 'yan kamasho don mu wuce shinge, kuma ranar da tsautsayi ya faɗa sai a tarar kamfanin bai san da lambar motar ba.