Limamin da ya tuɓe rigarsa: wa ya san Beyers Naudé?

Ɗan Mabera: Salamu alaikum 'yan uwa. Jiya da dare, ina zaune a tsakar gida saboda zafi, na karanta tarihin wani limamin coci na Afirka ta Kudu, Beyers Naudé, har aka yi kiran assalatu ban runtsa ba. Ba'afirkane ne, wato jinin Turawan Holan da suka zaune can. An haife shi a 1915, mahaifinsa na cikin waɗanda suka kafa Broederbond a 1918, ƙungiyar asirin da ta riƙe wa wariyar launin fata ƙafa. Shi ma ya daɗe cikinta, yana wa'azi a cocin da ke nemo wa wariyar hujja daga Littafin Baibul. Sai ga shi a 1963 ya hau mumbari a Johannesburg ya yi huɗuba kan ayar da ke cewa biyayya ga Allah ta fi biyayya ga mutane, ya ajiye muƙaminsa, ya tuɓe rigar limanci. Abin da ya tsaya mini a rai: mi ya juya wanga mutum? Kuma rubutunsa tarihi ne ko wa'azi?

Malam na Runjin Sambo: Wa alaikumus salam, ɗana. Sharpeville ce ta girgiza shi. A garin nan, ranar 21 ga Maris 1960 'yan sanda suka harbe baƙaƙe 69 masu zanga-zangar takardar izinin yawo. A Disambar shekarar, malaman coci suka taru a unguwar Cottesloe ta Johannesburg suka ce ba a hana mutum shiga coci don launin fatarsa. Firaminista Verwoerd ya matsa, cocin su Naudé ta janye, abokansa suka sulale ɗaya bayan ɗaya, shi ya ƙi. A 1962 ya fara shirya mujallar Pro Veritate, kuma yawancin rubutunsa na lokacin a cikinta yake. Wa'azi ne da gardamar addini, yana yi wa mutanensa magana da Littafin da suka yarda da shi. Ni yana tuna mini da Malam Abdullahi na Gwandu, lokacin da ya ga son duniya ya shiga jama'a ya kama hanyar gabas, har Kanawa suka tsayar da shi. Faɗa wa na gida gaskiya ya fi faɗa wa bare wuya.

Hajiyar Arkilla: Malam, a gafarce ni, amma kada mu zarce da yabo. Shekara 15 aka yi ana wariyar a hukumance, tun 1948, yana cikin gidan yana ci. A 1977 da aka yi masa takunkumi, a shekarar Steve Biko, baƙar fata mai yaƙi da wariyar, ya mutu a hannun 'yan sanda. Shi gida aka tsare shi, Biko kabari.

Malam na Runjin Sambo: Gaskiyarki, Hajiya, ba a haɗa su. Sai dai takunkumin ma ba wasa ba ne: shekara 7, har 1984, ba ya ganawa da mutum fiye da ɗaya a lokaci guda, jarida ba ta buga maganarsa, danginsa Afirkanawa na kiransa maci amana. Baƙaƙen da kansu suka ba shi kujerar Desmond Tutu a majalisar coci-coci a 1985. Da ya rasu a 2004, a unguwar baƙaƙe ta Alexandra aka watsa tokarsa.

Ɗan Mabera: Na gode Baba, na gode Hajiya. Gobe in Allah ya kai mu zan leƙa ɗakin karatun jami'a in duba ko akwai wani abu a kan taron Cottesloe. Ina son sanin sunayen waɗanda suka janye, da abin da suka ce daga baya.