Ta ina za a fara sauraron Joe Hisaishi?

Da aka tattauna kan kiɗan fina-finan Japan, bakin mutane ya zo ɗaya: a fara da Joe Hisaishi, mai tsara kiɗa, haifaffen Nagano ta Japan a 1950. Tun 1984 yake yi wa fina-finan Hayao Miyazaki, daraktan fina-finan zane, kiɗa, amma wasu suka ce kada a tsaya nan, a nemi kiɗan da ya yi wa fina-finan darakta Takeshi Kitano, ya fi sanyi, ba kwalliya da yawa. Salonsa ɗan gajeren sautin fiyano ne da yake ta maimaitawa, sannu a hankali sauran kayan kiɗa su shigo. Shi ya sa hayaniya ke ɓata shi. Ni dai na bi shawarar saurare da dare, bayan maƙwabta sun kashe janareta.