Sojan gona a cikin daji

Salamu alaikum 'yan uwa na zangunan Kumasi. Muna shirya darasin kimiyya da Hausa ga yaran Aboabo, kalmar Turanci mimicry, wato yadda wata halitta ke fitowa da kamannin wata, ta tsayar da mu. Da yawa sun ce a sa kwaikwayo a wuce. Ni ban gamsu ba.

Kwaikwayo sai da ido. Yaron tela yana kallon yadda maigidansa ke riƙe almakashi, ya gwada, ya ɓata yadi, ya sake. In abin na girmamawa ne mu ce koyi, kamar koyi da Manzon Allah (SAW). Duka biyun akwai gani, akwai niyya.

To ku dubi malam-buɗe-littafin nan mai ruwan goro da baƙin gefe, wanda masana ke kira Danaus chrysippus. Tun yana tsutsa yake cin ganyen tumfafiya da danginta, dafin ya zauna a jikinsa. Tsuntsun da ya ɗanɗana shi sau ɗaya ba ya ƙarawa. Akwai wani jinsin, Hypolimnas misippus: namijin baƙi ne mai fararen tabo, macen kuwa ta fito sak da mai dafin, alhali lafiya lau za a iya cin ta. Ba ta taɓa zama ta kalli kowa ta koya ba. Waɗanda kamarsu ta fi kusa su tsuntsaye suka riƙa ƙyalewa, su suka yi ta haihuwa. Masanin halittu Henry Walter Bates ne ya bayyana irin wannan a 1862, bayan shekara 11 a dajin Amazon.

Shi ya sa na ce a kira irin wannan sojan gona: mara iko sanye da kakin mai iko, ana jin tsoronsa a banza.

Wani malaminmu ya ce a yi amfani da ɓad-da-kama. Allah ya gafarta Malam, wannan na mai sajewa da ganye ne don kada a gan shi. Ita macen nan mara dafi so take a gan ta, a ja da baya.

Saura nau'in mimicry da wani masanin, Fritz Müller, ya kawo a 1878, inda jinsi biyu duk masu dafi ne kuma suka yi shiga iri ɗaya. Nan babu yaudara, don haka na sa masa anko. Hajiyoyinmu, ya sunan ya zauna muku?

In kun amince, da waɗannan sunaye za mu kai yaran dajin Bobiri, kusa da Kubease, su ga malam-buɗe-littafin da idonsu.