Neman shawara: faya-fayan Baba da waƙoƙin da ke bayansu

Assalamu alaikum jama'a. Muna gyaran ɗakin marigayi Baba na ci karo da akwatin ƙananan faya-fayai na ƙungiyar mawaƙan Beatles da ya zo da su daga Ingila lokacin karatunsa. Abin da ya ɗaure min kai, bayan faifan ya fi gabansa cinyewa. A kan "Paperback Writer" har ya ja layi da biro ƙarƙashin "Rain", wadda ke baya. Yayana ya ce mu sayar, wai duk suna intanet. Ni kuwa zuciyata ba ta kwanta ba. Me ke cikin waƙoƙin bayan nan, kuma in riƙe ko in saki?

Kawu Mai Rediyo: Allah ya jiƙan mahaifinka, ɗana. Kunnensa ya san abu. A da kamfani kan sa waƙar da yake so gidajen rediyo su buga a gaba, baya kuma a bar wa mawaƙa su yi son ransu, tunda ba a nan ake jiran kuɗi ba. "Rain" ta fito 1966, kuma ba a sa ta cikin kundin Revolver na shekarar ba. Ka saurari ƙarshenta, za ka ji muryar mawaƙinsu John Lennon tana tafiya da baya, sun juya tef ɗin ne. Mai gangarsu Ringo Starr kansa ya sha cewa nan ne ya fi buga ganga da kyau. Wanda ya juya faifai yakan ji kamar shi kaɗai aka yi wa waƙar, shi ya sa ba ta fita rai.

'Yar Zariya: Ba su kaɗai ba ma. Oasis, wata ƙungiyar mawaƙan Ingila, sun saka "The Masterplan" a matsayin 'yar rakiyar "Wonderwall" a 1995, daga baya Noel Gallagher, wanda ya rubuta ta, ya yi ta cizon yatsa kan sa ta a baya. A 1998 sai da suka tattara irin waɗannan waƙoƙi suka yi kundi guda.

Ɗan Kasuwar Kurmi: Ni dai gaskiyar yayanka nake gani. Tun 1988 aka haɗa irin waɗannan waƙoƙin Beatles a kundin Past Masters. Amma kar ku yarda da tayin farko, kuma faifan da ya cinye ba ya kuɗi sosai.

Kawu Mai Rediyo: To ka ji, kuɗin ma ba yawa, ka riƙe abinka. Gargaɗi ɗaya: kada ka ɗora su kan tsohuwar garmaho mai allurar ƙarfe, ta faifai mai juyawa sau 78 a minti ce, naka mai sau 45 ne, za ta karce su. Jera su a tsaye, nesa da rana, a rufe saboda ƙurar hunturu.

Mai tambaya: Na gode Kawu. Zan ɗauki wanda ya ja wa layi da wasu uku, sauran mu zauna da Yaya bayan Juma'a. Wa ya san mai gyaran injin faifai a Kano?