Wace kalma ce ta dace da "stay" na kotu a rikicin wutar masana'antu?

Abin da ya sa na tayar da wannan magana shi ne wata takardar kotu da na gani manne a ƙofar wata ƙaramar masana'antar leda a Kakuri cikin Kaduna, dab da taransfoma, an rufe ta da farar leda saboda ruwan sama. Da na tambayi mai gadi, sai ya ce mini, "Ai Alhaji, mun ci shari'a, kotu ta dakatar da masu wuta." Na tsaya na karanta, sai na ga ba a ma fara sauraron ainihin ƙarar ba. Alƙali ya ce ne kawai kada a yanke musu wuta har zuwa ranar da za a dawo zama. Ban ga laifin bawan Allah ba, domin kalmar da mu masu rediyo da jaridu muka ba shi ce ta ruɗe shi.

Tun daga watan Afrilun 2024, lokacin da hukumar kula da harkar wutar lantarki ta ƙasa, NERC, ta ɗaga kuɗin wuta ga 'yan rukunin A, wato waɗanda aka yi wa alkawarin wutar awa 20 a kullum, daga kusan naira 68 zuwa naira 225 a kan kowane yunit, irin waɗannan takardu suka yawaita. Ƙungiyar masu masana'antu ta ƙasa, MAN, ta garzaya Babbar Kotun Tarayya, wasu kamfanoni kuma suka shigar da nasu ƙararrakin. Mu kuwa a rediyo da jaridu, duk abin da kotu ta faɗa sai mu ce "ta dakatar", alhali abubuwa biyu ne mabambanta.

Na farko shi ne wanda lauyoyi ke kira "injunction", inda kotu ke hana wani ɓangare aikata wani abu, kamar yanke wuta ko cire mita. Wannan ba shi da wahala: umarnin hani ya wadatar, idan kuma na ɗan lokaci ne sai a ce hanin wucin gadi. Na biyu, wato "stay", shi ne ya fi ba ni aiki, domin a nan kotu tana tsayar da tafiyar shari'a ne, ko zartar da hukuncin da aka riga aka yanke, har sai an ga abin da ɗaukaka ƙara zai haifar. Mutane da yawa ba su san cewa ɗaukaka ƙara kaɗai ba ya hana a zartar da hukunci ba. Sai lauya ya shigar da roƙo na musamman, kuma alƙali yana iya ƙi.

Dakatarwa ta yi faɗi da yawa, ita muke amfani da ita ga ma'aikacin da ya yi laifi da ɗan majalisar da aka kora na wata shida, don haka kunne yana jin ƙanshin horo a cikinta. Jinginewa ta fi kusa, kuma ina son hoton da ke cikinta na abin da aka ajiye a jikin bango za a dawo a ɗauka, sai dai 'yan jarida sun riga sun ɗora mata kaya biyu: suna cewa kotun sama ta jingine hukuncin ta ƙasa da nufin ta soke shi, suna kuma cewa an jingine hukunci da nufin an ɗage ranar yanke shi. Wani dattijo da ya daɗe yana aiki a kotun shari'ar Musulunci ya kawo mini waƙafi, yana mai nuni da gidan waƙafi inda ake tsare mai jiran shari'a. Hujjarsa tana da ƙarfi, amma yau da ka ce waƙafi, zakka da gidan marayu ne za su faɗo wa mai sauraro. Tsagaitawa kuwa ba ta yiwuwa a wannan fage ko kaɗan, saboda tsagaita wuta tana da tata ma'anar a bakin kowa.

Ni dai na tsaya a kan umarnin tsahirtawa. Idan Bahaushe ya ce maka ka tsahirta, bai ce ka fasa ba, bai kuma ce kai ne mai gaskiya ko marar gaskiya ba, ya ce ne ka ɗan jira tukuna. Wannan shi ne ainihin abin da alƙali yake nufi, kuma shi ne abin da mai masana'anta ya fi bukatar ya fahimta, domin mita ba ta tsahirta da juyawa don kotu ta yi magana. Idan ƙarshen shari'a bai yi masa daɗi ba, bashin watannin nan duka yana nan yana jiransa, ga albashin ma'aikata, ga kuɗin dizal.

Sai mu riƙa cewa: kotu ta ba da umarnin tsahirta zartar da hukunci, ko umarnin tsahirta sauraron ƙara. Wata malama mai koyar da Hausa ta ce mini kalmar ta yi wa kanun labari nauyi, kuma matasan Kaduna sun fi sabawa da "saurara". Ina roƙon malamanmu na Hausa da lauyoyinmu su gwada su biyun a bakinsu, su gaya mana wadda ta fi zama daidai a gaban alƙali da kuma a ƙofar masana'anta.