Siffar mace a finafinan Nijar na farko: ta ina ake farawa?

Hadiza, Yamai: Assalamu alaikum malamai. Ina son rubuta kundin master kan yadda mulkin mallaka ya shafi siffanta mace a silima. Waɗanne finafinai zan riƙe, kuma yaya ake nazarinsu?

Malam Isufu: Wa alaikumus salam, ƙanwata. Fim biyu ko uku sun isa. Ki haɗa *Moi, un noir* na Jean Rouch (1958) da *Le Wazzou polygame* na Oumarou Ganda, wanda ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 1972. Ganda ne jarumin fim ɗin Rouch, daga baya ya koma bayan kyamara, ga kwatanci a hannunki. Ki tuna dokar Laval ta 1934 ta hana ɗaukar fim a ƙasashen Afirka da Faransa ta mallaka sai da izinin hukuma.

Aikin kansa na jadawali ne. Duk fitowar da mace take ciki, ki rubuta mintin da ta fara, tsawonta, kusancin kyamara, wa ke kallon wa, wa ke magana. A fim ɗin Rouch an ɗora murya ne bayan ɗauka, shi ya sa macen da ake kira Dorothy Lamour kusan ta bakin namiji da mafarkinsa kawai muke saninta. Inda ɗalibai ke faɗuwa: su ba da labarin fim shafi ashirin, babu hujja ko ɗaya daga hoton.

Hajiya Rabi: Ƙari kan maganar Malam: kar ki dogara da fassarar Faransanci ta ƙasan allo. Ganda da Zabarmanci yake aiki, fassarar kuwa tana taƙaita habaicin kishiyoyi. Ki zauna da mai jin harshen. Ki nemi kuma *Al'lèèssi* na Rahmatou Keïta kan 'yar fim ɗin Nijar Zalika Souley, ki ga yadda jama'a suka riƙa ɗora mata halin matan da take fitowa a matsayinsu.

Abdu, Tawa: Malam, ni da *Sarraounia* na Med Hondo (1986) zan cike na ukun. Sai dai a kula: daga littafin Abdoulaye Mamani aka ɗauko shi, a Burkina Faso aka ɗauke shi. Yaƙin Lugu da rundunar hafsoshin Faransa Voulet da Chanoine a 1899 tarihi ne, sarauniyar da ke allo kuwa ginin marubuci ce da darakta. Hadiza, ki raba su babi-babi, in ba haka ba masu jarabawa nan za su fara kama ki.