Neman shawara: titi ya fi gidanmu tudu, ruwa na dawo mana ta rariya

Abban Sadik:

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Shawara nake nema a kan gidan Hajiyarmu da ke wajen Kurna a Kano. Fili ne ƙafa hamsin-hamsin, ɗakuna biyu na baya ginin ƙasa ne, na gaba kuma bulo. Tun da aka yi wa layin ciko aka zuba kwalta, titi ya fi tsakar gidan tudu. In aka yi ruwa mai ƙarfi ta hanya biyu yake zo mana: wani ya haura dokin ƙofar soro, wani ya dawo ta rariya, baƙi ƙirin haɗe da shara. Yakan kai ƙwauri a tsakar gida har ya shiga ɗakuna, ga rijiya da masai duk a cikin gidan. Wani magini ya ce mu ɗaga dokin ƙofa da bulo biyu mu toshe rariyar, wani kuma ya ce sai an yi wa gidan ciko gaba ɗaya. Kuɗin hannunmu ba su da yawa, ga Agusta ta matso. Da me za mu fara?

Injiniya Na Gwammaja:

Wa alaikumus salam Malam. Kada ka sayi bulo ko ɗaya sai ka yi awo. Nemi farin tiyon nan siriri da magina ke ɗaukar lebur da shi, ka cika shi da ruwa, ka tabbata babu iska a ciki. Wuri uku za ka gwada: bakin rariya ta cikin gida, shacin da ruwa ya bari a jikin bangon soro ta waje, da kuma ainihin ƙasan kwatar titi. Na ce ainihin ƙasa, wato ka soka rodi ya ratsa yashi da taɓo har ya daki kankare. Da yawa saman yashin suke aunawa su ce kwata ta fi gidansu tudu, alhali cikewa ta yi.

Sannan ka sani ruwa biyu ne ke damun ku, kai kuwa ɗaya kake kallo. Akwai na titi, akwai na rufinku. Ga lissafin. Milimita ɗaya na ruwan sama a kan murabba'in mita ɗaya, lita ɗaya ne. Fili hamsin-hamsin kusan murabba'in mita 232 ne. In aka yi ruwan milimita 50, wanda ba baƙon abu ba ne a Kano cikin Agusta, lita 11,600 ne suka sauka a gidanku kaɗai, wato duro 58. A ce kashi ɗaya cikin huɗu na filin ne tsakar gida, sauran duk rufi ne mai zubowa ciki. To in ka toshe rariya ka ɗaga dokin ƙofa, ka mai da gidan kwano: ruwan zai taru ya kai inci takwas ba tare da ɗigo ɗaya ya shigo daga titi ba. Shawarar maginin farko a nan ta gaza.

Amma in ka raba rufin da tsakar gida, abin da zai taru inci biyu ne kacal, bai isa ya haura bakin ɗaki ba. Don haka kuɗin farko a rufi za ka kashe su. A sa wa bakin kwano gota, a karkata ta wajen bangon titi, bututu mai inci huɗu ya ɗauki ruwan ya ratsa bango ta sama ya sauke shi cikin kwatar waje. Da yake daga sama yake gangarowa, ko titi ya cika zai fita. Kada a haɗa duk rufin a bututu ɗaya, kowane ɓangare a ba shi nasa, in ba haka ba gotar za ta yi ambaliya ta baya ta jiƙa bango. Kuma kada a saki bakin bututun a kan hanyar mutane ko gindin katangar maƙwabci.

Rariya kuwa ba a toshe ta har abada. A sa mata bututu mai inci shida, a ba shi gangara inci ɗaya a kowace ƙafa biyar, a bakinsa na waje a sa bawul mai marfi, wanda ruwan gida ke turawa ya buɗe, na kwata kuma ya danne shi ya rufe. Ana samu wajen masu kayan famfo a Ƙofar Ruwa. Matsalarsa ɗaya: leda ko tsinke ya maƙale a marfin, ya ƙi rufuwa. Saboda haka a sa raga a bakin rariya ta ciki, a kuma riƙa duba marfin bayan kowane ruwa.

Baba Magini:

Injiniya ya gama magana a kan rufi. Ni ɗakunan ƙasan nan ne suka tsaya min a rai, don su ne ke kisa. Ginin ƙasa ta gindi yake mutuwa. Ruwa ya kwanta masa, tubalin ƙasa ya sha ya yi laushi, nauyin sama yana nan yadda yake. Kuma ba lallai ya faɗi ana cikin ruwa ba, sau da yawa sai bayan an ɗauke, cikin dare, mutane sun saki jiki.

Ɗana, je ka duba waɗannan. Ƙasa na zubowa daga gindin bango in ka goga hannu? Danshi ya haura gwiwa? Ƙofar da ke rufuwa lafiya ta fara cijewa? Akwai tsaga a kusurwa ko inda azara ta zauna? In akwai tsaga, ka manna mata ɗan siminti a gicciye kamar faɗin tafin hannu, ka duba bayan kwana biyu. In simintin ya tsage, bangon tafiya yake yi. Daren ranar kada kowa ya kwana ciki, a mai da Hajiya ɗakin bulo.

Ciko kuma ban yarda da shi ba a gidan nan. In ka zuba ƙasa ƙafa ɗaya a tsakar gida, ka binne gindin bangon ƙasa cikin danshi, ɗakuna kuma sun koma rami. Ciko na wanda zai rushe ya sake gini ne, ya ɗaga harsashi ya shimfiɗa ledar hana danshi. Aikin rani ne wannan.

Abin da za a yi yanzu shi ne a ɗaura wa gindin bangon dakali. Tsayi bulo biyu, a cika bayansa da kankare, samansa a karkata shi waje yadda ruwa ba zai tsaya ba. Haɗin kankaren: buhun siminti ɗaya, kwanon sarki huɗu na yashi, takwas na tsakuwa. Kada lebura ya haƙa gindin bangon gaba ɗaya a lokaci guda, a yi taku ɗaya a cike, a tsallake a yi wani. Kuma kar a yi wa bangon ƙasa fulastar siminti kai tsaye. Ba sa kama juna, ruwa ya shiga tsakani ya ci bangon a ɓoye, kai kana ganin fuska sumul. In dole sai an yi, a fara buga ragar waya. In rufin ɗakunan na ƙasa ne, a duba indararo, ya zarce bango da ƙafa biyu aƙalla, a liƙe inda ya shiga.

Maman Iman:

Baba, kafin a haɗa kuɗin aikin fa? Buhun yashi yana tare ruwa kuwa, ko wahala ce kawai?

Baba Magini:

Yana tarewa in an iya jerawa, 'yata. Kada a cika buhun tam, a tsaya a rabi ko sama kaɗan, a naɗe bakin a ƙarƙashinsa. A fara shimfiɗa leda mai kauri a jikin ƙofa, a jera buhunan irin jerin bulo, na sama ya hau mahaɗar na ƙasa, a tattaka kowanne. Buhu cikakke dunƙulewa yake yi ya bar kafa.

Malama Nas:

Malam, tunda ruwan kwata ya kwanta a gidan da ke da rijiya da masai, ka ɗauka rijiyar ta gurɓata ko da ruwanta ya yi garau. Tazarar da ake so tsakanin rijiya da masai mita 30 ce, gidan hamsin-hamsin kuwa ko daga kusurwa zuwa kusurwa bai kai haka ba. A ɗaga bakinta da bulo uku a yi mata marfi, a kwashe ruwan, amma duk da haka wanki da wanka kawai. Na sha a tafasa shi ya yi minti ɗaya yana ɓararraka, ko a sa masa maganin kulorin irin su WaterGuard ko Aquatabs gwargwadon yadda aka rubuta a jiki, a jira minti 30. In ruwan ya yi gurɓi a fara tace shi, kulorin ba ya aiki sosai a ruwa mai laka. Randa ma a wanke ta, a ware mata moɗa ɗaya.

Daɓen ɗaki da tsakar gida a fara wankewa da sabulu, sannan a bi da kofi ɗaya na Hypo ko Jik cikin lita 20 na ruwa. Kada a haɗa shi da wani maganin wanke banɗaki, hayaƙin da yake tashi guba ne.

In wani ya fara gudawa kamar ruwan shinkafa, da amai ko babu, wannan ba na jira ba ne, kwalara kan ƙarar da ruwan jikin babba cikin sa'o'i. A fara ba shi ORS, wato haɗin ruwan gishiri da sukari, a kama hanyar asibiti. In babu na leda: lita ɗaya na tafasasshen ruwa, ƙaramin cokali shida na sukari a shafe, rabin ƙaramin cokali na gishiri. Sauro kuma kwana bakwai zuwa goma ya ishe shi daga ƙwai zuwa mai cizo, don haka tsohuwar taya da gwangwani kada su kwana da ruwa.

Mai Wayarin:

Ƙari kaɗan. Da an ga ruwa ya doshi ɗaki a kashe wuta daga babban makunni, da busasshen hannu, ana tsaye a busasshen wuri. In ruwa ya riga ya kai wajen, a bar shi, kada a shiga. Soket ɗin da ke kusa da ƙasa a mai da su ƙafa huɗu. Wanda ya sha ruwa kuma a buɗe shi ya bushe a gwada kafin a mai da wuta, don laka na riƙe danshi a ciki.

Dattijon Layi:

Duk abin da aka faɗa daidai ne, amma ɗana, in kwalbatin ƙarshen layinku a toshe yake, bawul ɗinka a rufe zai wuni. Da can ruwan birnin nan kududdufai ne ke shanye shi, ragowar ya bi rafin Jakara ya fice. An cike kududdufan an yi gini, an daɓe ko'ina da siminti, ruwan da ƙasa ke sha yanzu titi yake bi. Abin bai bar manya ba, kowa ya ga yadda ruwa ya shiga Kantin Kwari a damunar 2022 ya lalata dukiya. Namu na cikin gari ba irin na ɓallewar dam ɗin Bagauda a 1988 ba ne, akasarinsa rashin hanyar wucewa ne.

Ku sami mai unguwa a sa ranar gayya. Yasar kwata daga ƙasa ake faro ta, inda ruwan ke fita zuwa babban lambatu, a yo sama. In kuka fara daga ƙofarku, kun tura wa na ƙasa da ku ne, ruwan kuma ya dawo. Abin da aka yaso kada a jibge shi a bakin kwata, ruwa ɗaya zai mai da shi. Tun kafin ranar ku yi magana da hukumar kwashe shara ta REMASAB ko ku yi karo-karo ku ɗauki tifa. Wanda ya yi gini ko ya daɓe kan magudana, ba faɗa za ku yi da shi ba, takarda za ku rubuta wa hukumar tsara birane ta KNUPDA da sa hannun mai unguwa. In an yi asara kuma hukumar agajin gaggawa ta jiha, SEMA, ake sanarwa, a ɗauki hoto kafin a share. Yara a hana su bin ruwan titi, mai gudu ko iya idon sawu ya wuce kaɗan yana kayar da babba, ga ramin kwata ba ya ganuwa.

Abban Sadik:

Allah ya saka da alheri. Na yi awon. Ƙasan kwatar ya fi bakin rariyarmu zurfi da inci 16, amma inci 13 duk yashi ne da leda. Daga rariya zuwa kwata ƙafa 20. Shacin ruwa ya haura dokin ƙofa da inci biyar. Tsagar ɗakin baya na manna mata siminti, Hajiya ta koma gaba.

Injiniya Na Gwammaja:

To ba ka buƙatar ciko. Ƙafa 20 gangarar inci huɗu take so, bakin bututunka zai fito inci 12 sama da ƙasan kwata, marfin zai sami wurin motsi muddin an yashe ta. Dokin ƙofa bulo ɗaya mai inci tara ya isa, ya ba ka rarar inci huɗu a kan shacin. A cika ramukansa da kankare, a sassaƙa bangon gefe biyu ya shige ciki, don ta mahaɗar nan ruwa ke tsiyaya. A yi matakala ciki da waje da abin riƙewa saboda Hajiya. Jerin aikin: yasar kwata, gota, bawul, dakalin Baba, sannan dokin ƙofa. In kwatar ta wuni a cike ruwan tsakar gida ya rasa mafita, a ari injin ban ruwa na masu noman rani mai inci biyu, kamar minti goma zai zuƙe shi. A ajiye injin a fili, ba cikin soro ba, saboda hayaƙi.